Hannun da Baba Ilu ya buɗe a bayanshi

Baba Ilu ya rasu.

Labarin ya iske ni da safen nan, ina tsugune bakin rumfata ina ja ma kujera zare. Ɗiyarshi Hajara ce ta kira daga asibitin Maraɗi. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Har yanzu kujerar na nan yadda na bar ta.

Ku 'yan Dakoro kun san shi, dogon tsohon nan mai sanda da ke zama gindin itacen bedi kusa da tasha. Abin da yawancinku ba ku sani ba, mutumin nan da wasan tenis ya ci abinci. Shekarun farko bayan samun 'yancin kai ya buga a Yamai, ya buga a Abijan da Dakar. Dubul yake bugawa, wato mutum biyu nan, biyu can. Abokin bugunshi sunanshi Sanda, mutumin Tasawa.

Ni ban yi nisa a lakwal ba, wato makarantar boko, saƙar kujeru da gadaje nake yi. Ta nan muka haɗu. Wata rana ya zo da wani abu naɗe cikin tsumma, ya buɗe, sai ga raket na katako, abin buga tenis, duk zarenshi ya tsinke.

Ya ce, "Sarkin saƙa, kana iya wanga?"

Na ce, "Baba, rariya ce ko matankaɗi?"

Ya ce, "Ja'iri. Wanga ya hau jirgin sama tun ba a haifi ubanka ba."

Kwana uku na yi ina saƙa shi da zaren kujera. Sau huɗu yana sa ni warwarewa. Yakan buga shi a tafin hannu, ya kara a kunne, ya ce tsakiyar ba ta yi magana ba tukuna. Tun daga nan ko gado na saƙa sai na buga tsakiyarshi na saurara.

Kullum in zai wuce sai ya aje mani dabino biyu bisa benci. Ranar da uwata ta kwanta ciwo, shi ya zauna ya tsare mani rumfa wuni guda, ya kori masu kawo aiki biyu don ya ce ba su iya gaisuwa ba.

Ya sha zana mani teran, wato filin wasan, a ƙasa da sandarshi, yana nuna mani inda kowa ke tsayawa. Ya ce a dubul wanda ke gaba kusa da raga ba ya waigowa. Hannu yake kaiwa bayanshi ya yi ma mai bugun farko alama. In ya dunƙule, yana nan wurinshi. In ya buɗe, zai tsallaka ɗaya ɓangaren, sai na baya ya ruga ya rufe inda ya bari. Duk taron da ke kallo ba mai ganin hannun nan sai mutum ɗaya.

Bara, bayan an gama yankan hatsi, ya faɗa mani abin da bai taɓa faɗa ma kowa ba.

Wasan ƙarshe ne na cin kofi, saura bugu guda a yi ta ta ƙare. Shi yana gaba, Sanda na baya. Ya buɗe hannu. Sanda ya buga, ya ruga ya zo rufe wurin Baba Ilu. Shi kuma Baba Ilu ƙafarshi ta ƙi ɗaguwa.

"Tsoro ne, ɗana. Ba wani abu ba, tsoro."

Su biyu suka taru ɓangare guda, ƙwallo ta faɗi inda ba kowa. Abin da jama'a suka gani, Sanda ya bar wurinshi ya gudu. Manyan wasan suka aje Sanda, suka haɗa Baba Ilu da wani. Ya ƙara shekaru yana bugawa, yana ɗaukar kofi. Sanda ya koma Tasawa yana sayar da gyaɗa. Bai tona ba, ba su kuma sake magana ba.

Baba Ilu ya ce mani, "So nike ka raka ni Tasawa. Idona ya yi rauni, kuma ban son 'ya'yana su ji kafin shi."

Ya ba ni wata takarda mai lambar ɗan Sanda. Na ce to mu kira mana. Ya ce irin wagga magana ba a yin ta a waya, sai ido cikin ido.

Na ce bayan Salla. Bayan Salla na ce sai zafi ya sauka. Zafi ya sauka na ce ruwa ya ɓata hanya. Ni da mutane ke cewa ina da haƙuri, ashe da kwanakin wani nake yin haƙurin.

Ranar Alhamis da ta wuce ya zo tun hantsi, da farar riga sabuwar guga da hula, ya riƙe ƙaramar jaka. Ya ce ya tambaya a tasha, akwai mota.

Ni kuma ga kujeru talatin na biki a gabana. Na ce, "Baba, don Allah mako mai zuwa. Wallahi ba fashi."

Ya daɗe tsaye yana kallon hannuna. Sai ya ce, "Wancan layin ya yi sako-sako, ka ja shi." Ya juya ya tafi da jakarshi.

Ganina da shi na ƙarshe ke nan. Asabar aka kai shi Maraɗi.

Ɗazu bayan azahar na ɗauko takardar na kira. Ɗan ya kai ma mahaifinshi wayar. Na yi mashi gaisuwar rasuwa, na faɗi ko ni wane ne, sannan na faɗi saƙon yadda aka faɗa mani, ban rage ba: Ilu ya ce shi ya buɗe hannu, shi ya kasa tsallakawa, laifin nashi ne.



Sai ya ce, "Da bakinshi ya faɗi?"

Na ce da bakinshi.

"Gaban mutum nawa?"

Na ce ni kaɗai.

Ya ce, "Ni gaban taro aka yi mani ihu. Ka faɗa ma mutane."

Na ce zan faɗa. Na kuma gaya mashi Baba Ilu ya so zuwa da ƙafarshi, har riga ya sa, ni na hana. Na ce, "Baba, ka yafe mashi?"

Ya ce, "Yaro, wagga tsakanina da shi ce. Da ya zo da ya ji." Sai ɗan ya karɓi wayar.

Na kira Hajara na gaya mata komi kafin in rubuta. Ta yi kuka, ta ce in rubuta.

To ga shi na faɗa. 'Yan Tasawa da ke nan, in kun ga Malam Sanda ku gaishe shi da girma. Bai gudu daga wurinshi ba. Abin da aka nuna mashi ya bi.

Gobe in an gama zaman gaisuwa na safe zan shiga motar Tasawa ni kaɗai. Ban san abin da zan ce mashi ba.

Allah ka gafarta ma Baba Ilu, ka yalwata kabarinshi, ka karɓi niyyar da ya fito da ita ranar Alhamis. Allah ka sanyaya zuciyar Malam Sanda a kanshi. Ni kuma ka yafe mani jinkirina.

Duk wanda ya karanta har nan, don Allah ya tsaya ya yi mashi addu'a kafin ya wuce. Ku sa Malam Sanda a ciki.