Hannu na Biyu a Tukunyar Toyoko

Duk wanda ya san Toyoko Shigematsu a unguwar bayan kasuwa ta birnin Kokura, da ƙanshin hannunta ya san ta. Ko ta wanke da sabulu, hannunta na dama ba ya rabuwa da wani ɗan tsami mai haɗe da gishiri. Mai sayar da kifi yakan ce ko idonsa a rufe yake, in ta miƙo hannu ya san ita ce.

Tukunyar da ke ba ta wannan ƙanshi ta girme ta nesa ba kusa ba. Babbar tukunyar ƙasa ce mai murfin katako, tana zaune cikin wani rami mai sanyi a ƙarƙashin daɓen kicin. Cike take da dusar shinkafa da aka kwaɓa da gishiri da barkono da busasshen ganyen teku. A ciki ake binne kokwamba da gauta da karas, su kwana su yi tsami, a ci da shinkafa da safe. Dusar nan rai gare ta. Kullum sai an sa hannu an juya ta, na ƙasa ya dawo sama, in ba haka ba ta yi fumfuna ta mutu. Da zafi kuwa safe da yamma take so.

Toyoko 'yar masunta ce daga wani ƙauye na bakin teku. Da aka kawo ta amarya, ta tarar da tukunyar a hannun uwar mijinta, Kikue, wadda ita ma a wurin tata surukar ta gada. Dokar Kikue guda ce: hannu ɗaya ke shiga. Ta ce kowane hannu da ɗanɗanonsa, in aka haɗa biyu dusa ta rikice. Shekaru Toyoko ta yi tana riƙe murfi tana kallo. Sai da yatsun tsohuwar suka ƙage, sannan wata safiya ta ja da baya ta ce, “To, sa.” Iyakar bikin ke nan. Tun daga ranar Toyoko ba ta ƙara kwana a wani gari ba. Ko bikin 'yarta Sayo, jirgin safe ta bi, ta dawo a na yamma.

Mijinta, Noboru, a masana'antar ƙarfe ya ƙare ƙuruciyarsa, gaban tanda. Bai taɓa cin shinkafar safe ba tare da kokwambar tukunyar ba, bai kuma taɓa ɗaga murfinta ba. Yana yaro ya gwada, uwarsa ta buge masa hannu. Da ya girma ta ce hannunsa warin ƙarfe yake yi, kada ya kusanto. Da ya bar aiki, sai ya koma ɗakin talabijin da jaridarsa.

Sayo ce ta kawo shawarar koyar da matafiya girki, ita ce kuma ke karɓar sunayensu ta waya daga Sapporo, birnin can arewa mai nisa inda take aure. Noboru ya ɗauko su daga tashar jirgin ƙasa a 'yar motarsa, ya sauke su, ya koma kan jaridarsa. Toyoko ta ɗaura musu ƙyallen gaba, su dafa miyar miso ta waken suya, su naɗe wainar ƙwai, su dafa kifi da cokali guda na dusar. Turancinta bai wuce cikin cokali ba, amma tana da doka da kowa ke ganewa: ba kallo, sai taɓawa. Ta sha kallo a rayuwarta, ba ta son kowa ya sha a kicin ɗinta. Sai dai idan aka zo kan dusa, wata sabuwa take fito musu da ita a robar leda. Tsohuwar tukunya a nuna musu daga nesa, su ɗauki hoto, a mayar da murfi.

Ana haka kwankwasonta ya ƙi. Likita ya ce sai an yi aiki, kuma bayan aikin za ta zauna a asibiti ta sake koyon tafiya. Da ta lissafa, sai ta ga tsakiyar zafi abin zai faɗa.

“Mama, ki ɗiba ki sa a firji ya daskare,” in ji Sayo ta waya. “Kowa haka yake yi yanzu.”

“Kakarki ba ta ba ni ƙanƙara ba.”

“To ki bar Baba ya riƙa juyawa mana.”

Noboru, da ke jin su daga ɗaki, ya yi gyaran murya. “Ai ba wani abu ba ne. Sai in riƙa juya miki.”

Toyoko ta yi dariya. “Kai? Baban Sayo, kai da ko inda muke ajiye gishiri ba ka sani ba?”

Ya juya shafin jarida. Ita kuwa ta fara tunanin ɗaga aikin zuwa sanyi, ko da yake a lokacin ma sai ta dafa bango take saukowa kan ramin tukunyar, kuma likita ya gaya mata jinkiri ba alheri ba ne.

Ana saura kwanaki kaɗan ta ba asibiti amsa, Sayo ta bugo ta ce gobe ɗalibai huɗu ne: wata mata daga Busan ta ƙetaren teku da ƙanwarta, wani saurayi ɗan Kanada, sai wani dattijo ɗan ƙasa da ke tafiya shi kaɗai.

Da safe Toyoko ta tsaya bakin ƙofa tana tarbarsu. Matar Busan, Madam Bae, ta shigo da fara'a, ta gaishe ta da Japananci mai kyau, ta ce a wajen aiki ta koya. Ƙanwarta ta biyo ta, sai saurayin, wanda kansa ya kusa taɓa saman ƙofa. Na huɗu ya shigo sanye da hular tafiya da 'yar jaka a kafaɗa. Ya tuɓe takalmansa, ya juya su suka fuskanci ƙofa kamar yadda baƙo ke yi, ya sunkuya ya ce, “A gafarce ni, zan dame ku.”

Noboru ne.

Toyoko ta dube shi, ta dubi baƙin. A gaban baƙi ba a faɗa da miji, ya kuma san da haka. Ta sunkuya ita ma.

“Sannu da zuwa. Daga ina baƙon namu?”

“Daga nesa, Malama. Daga ɗakin can na talabijin.”

Madam Bae ta tuntsire da dariya har da tafi. “Direbanmu fa! Malama, wannan naki ne?”

“Haka aka ce mini,” in ji Toyoko, ta miƙa masa ƙyallen gaba mai hoton furanni.

Ya zama ɗalibi mafi muni da ta taɓa samu. Wainar ƙwansa ta yage gida uku. Ya yanka kokwamba kamar mai faskare. Saurayin Kanada, wanda bai san ma'aurata ne ba sai daga baya, ya riƙa dafa masa kafaɗa yana ƙarfafa masa gwiwa.

“Kawu, a hankali,” in ji Madam Bae. “Ƙwai ne, ba ƙarfe ba.”

“Ƙarfe ya fi shi jin magana,” in ji Noboru.

Da aka zo kan dusa, Toyoko ta fito da robar leda. Kowa ya sa hannu, saurayin ya yatsine fuska don sanyi da laushinta, aka yi dariya. Noboru bai sa ba. Ya naɗe hannun rigarsa har gwiwar hannu, ya je ya tsaya a kan ramin.

“Malama, ni waccan na zo koya.”

Toyoko ta ce, “Waccan hannu ɗaya ke shiga.”

“Ni dai an gaya mini dokar ajin nan ita ce ba kallo, sai taɓawa.”

Madam Bae ta tambayi abin da ke faruwa, Toyoko ta gaya mata a taƙaice: surukar, dokar, asibitin. Matar ta goge hannunta a ƙyalle.

“Mu ma muna cewa ɗanɗano a hannu yake,” in ji ta. “Kabejin da nake jiƙawa bai taɓa yin irin na mahaifiyata ba. Na yi kuka a kan haka, ban ɓoye miki ba. Yanzu 'ya'yana nawa suke kira na gida. Ke fa, Malama, da kika karɓa, ɗanɗanon bai sauya ba?”

Toyoko ta buɗe baki za ta ce a'a, sai Noboru ya riga ta.

“Ya sauya. Na Mama ya fi gishiri.” Ya sosa ƙeya. “Na wannan ya fi daɗi. Ban dai faɗa ba, Mama na raye.”

“Bayan ta rasu fa?” in ji Toyoko.

“Ai hotonta na nan a gidan, yana ji.”

Toyoko ta dube shi. Sannan ta ce ya je ya wanke hannu, ya sake wankewa, ya yanke wancan farcen. Ya durƙusa ya ɗaga murfin, ƙanshi ya cika kicin. Ta tsaya a kansa tana dafe da teburi.

“Tura har ƙasa. Ba haka ba, ba rami kake tona ba. Ɗebo na ƙasa ka kife shi a sama. Yawwa. Bi gefe.”

Hannunsa ya nutse har kusan gwiwa, sai ya tsaya cik. Ya lalubo wani abu ya fito da shi: dunƙulen ƙarfe baƙi, kamar ƙwan kaza, ya yi sumul. Kowa a Kokura ya san ana sa ƙarfe a dusa don kada gauta ya koɗe. Wasu tsofaffin ƙusoshi suke sawa.

Noboru ya share shi da babban yatsa. A gindinsa akwai ɗan tabo.

“Ni na zuba wannan,” ya ce a hankali. “Shekarata ta farko a gaban tanda. Na kawo wa Mama, ta ce ya yi muni, ta jefa a aljihu. Na ɗauka ta yar.”

“A ciki na same shi ranar da na fara sa hannu,” in ji Toyoko. “Ta ce ko gobara ake, in fitar da shi kafin tukunyar. Ba ta ce mini daga ina ya zo ba.”

Ya juya shi a tafin hannunsa. Madam Bae ta ja ƙanwarta da saurayin wajen tukunyar miya, wai kada ta ƙone, alhali an riga an kashe wuta.

“Mayar da shi,” in ji Toyoko. “Can ƙasa, tsakiya. Sai ka danne saman da tafin hannu, ka goge bakin tukunyar tas. In ka bar ko ɗigo, fumfuna ce.”

“To, Malama.”

Da yammar ranar ta buga wa asibiti ta ce tana zuwa.

Zafin shekarar ya yi tsanani. Duk ziyarar da Noboru ya kai mata, kafin ya zauna sai ta ce, “Kawo hannun.” Ta shinshina, ta ce ya ƙara gishiri, ko ta ce ya rage kokwamba, ruwa ya yi yawa. Matan da ke ɗaki ɗaya da ita suka sa masa suna Mai Turare.

Ranar da ta dawo da sandarta, ya yanka kokwamba ya jera a ƙaramin faranti, yankan dai har yanzu na mai faskare. Ya kai yanka ɗaya gaban hoton Kikue, ya kawo mata sauran. Ta tauna a hankali. Dusar na raye. Ta fi ta da yaji, kuma akwai wani abu a ciki da ba ta sani ba.

“Me ka sa?”

“'Yar citta.”

“Wa ya ce ka sa?”

“Ba kowa.”

Ta ɗauki yanka na biyu. “Ba irin nawa ba ne.”

“Ya ɓaci?”

“Na ce ya ɓaci?” Ta cinye, ta ɗauki na uku. “Safe naka, yamma nawa. Ka kuma gaya wa Sayo ta gyara mana ɗaki. Ina so in ga wannan Sapporo, in kwana a cikinta.”

“Tukunyar fa, in mun tafi tare?”

“Wa ya ce tare?” in ji Toyoko. “Kai kana da aiki.”