Filon Pani Bronka

Shekara goma sha tara Pani Bronka ta yi tana dogare da filo a tagarta, hawa na biyu, a rukunin benayenmu na unguwar Retkinia, inda ake girmama mace da Pani, namiji da Pan. Tun da mijinta ya rasu, ɗanta ya tafi Ingila neman aiki, sai ta mai da mu sinimarta. Ta san wanda ya shigo da kwalba a leda, ta san wadda ta je coci da sabon takalmi. Ni da nake zaune a ƙasanta, ko kabeji na sayo sai ta tanka.

"Pani Halina, wannan kabejin ai ya girme ki!"

Mun gaji da idonta, ba ƙarya.

Wata Litinin sai ta ɗauke filon, ta ja labule. Daga baya ta faɗa min dalili: so take ta ga ko akwai wanda zai lura in ta mutu. Ta laɓe da shayinta, tana leƙe ta 'yar kafa.

Litinin shiru. Talata shiru. Ni kam har daɗi na ji, na shigo da kabeji biyu ina rangaji.

Laraba da hantsi na ji ana dukan ƙofarta, na leƙa matakala. Pan Lucjan ne, tsohon direban bas na benen da ke kallon namu, wanda kullum take yi wa tsiya kan yadda yake shanya safa.

"Pani Bronka, buɗe! Na san kina ciki, tun shekaranjiya labulenki ke motsi."

"Kai kuma ta ina ka gani?"

"Ina da madubin hangen nesa."

"Au, leƙen mata kake yi? Tsohon banza!"

"Mace ɗaya dai. Kwana uku ina shanya safa a karkace, ba wanda ya zage ni. Ba zan iya ba."

Can na ji ƙarar makulli, na ji tana jan hanci.

Matakala goma sha biyu ce tsakanina da ita, amma ban hau ba. Kunya ta rufe ni.

Washegari filo biyu ne a tagar. Na zo wucewa kaina a ƙasa, sai ta kira ni a hankali.

"Pani Halina, biyu kika sayo ranar Talata. Na gan ki, har da murmushi."