Gadon Tamsin da Jijiyar Ƙasa

Faɗanmu da Denzil Polglase, mijin ƙanwata Tamsin, a kan gado aka yi shi. Na shiga na tarar ya janye gadonta daga gefen murhu ya kai bakin ƙofa, inda iskar teku ke shigowa ba sallama, ita kuwa tari na neman tsaga mata ƙirji.

"Kai sarkin ƙarafa, kashe min ita za ka yi?"

"Yaya Keziya, ta nan jijiyar ƙasa ta bi. Daga duwatsun da mutanen zamanin da suka kafa, ta miƙe ɗoɗar har tsohon cocin kan tudu. Ƙarfinta zai tashe ta."

"Jijiyar kanka dai ta tsinke!"

Ba mahaukaci ba ne. Shekara arba'in yana nemo wa manoman yankinmu na Konwal ruwa da 'yan ƙarafansa biyu na tagulla. Inda suka gitta, a haƙa a sha. Mashaya ba ta san shi ba, bai taɓa ɗaga wa Tamsin murya ba. Da likita ya ce huhun ya ƙare, sai mutumin da bai saba nema ya rasa ba ya shiga neman magani a ƙarƙashin ƙasa.

Sati bakwai ta yi a bakin ƙofar. Kullum da sassafe sai ya taka har wurin duwatsun, ya tsinto tsakuwa ya damƙa mata a hannu. Ta rasu kafin tumaki su fara haihuwa.

Da kaka ya zo gidana, ya rame kamar karan shinge, riƙe da taswira a hannunsa. Ya sake awo. Ashe kuskuren taku huɗu ya yi: ta gefen murhu jijiyar ta bi, daidai inda gadon yake tun ranar aurensu.

"Ni na ɗauke ta daga kai, Yaya. Da hannuna."

Ya ajiye ƙarafan a teburina. Suna nan har yau. Shi ko sanyin shekarar bai ƙetare ba.

Bakina bai saba haɗiye "ai na faɗa maka" ba, amma ranar na haɗiye.

"Zauna, shayinka na hucewa," na ce. "Ranar faɗanmu, da ka fita, na kama gadon zan mayar, ta riƙe min hannu. Ta ce, 'Bar shi, Yaya. Tafiya dai zan yi ko ina aka sa ni. A nan ina jin takunsa tun daga shinge.' Ba jijiyarka take kwance tana jira ba, wawa. Kai take jira."