Jinjina Ga Innar Tanti, Mai Sauraron Numfashin Tsiro

Ni na fara ganinta, tun kafin kowa ya san darajarta. Ina gadin ƙofar siton nan ranar da aka kafa tantunan renon tsiro a ciki, ina nan ranar da ta shigo da tsummanta a kafaɗa. Ban taɓa zama a aji ba, amma likitan da ya ce ba zan ga wata shekara ba, ni na raka shi makwancinsa. To ku saurara.

Kullum da safe Innar Tanti ba ta gaisawa da kowa sai ta zuge zif ɗin tanti ta cusa fuska. In iskar ciki ta yi nauyi, ta kunna fanka ta bar bakin tantin a buɗe kamar faɗin tafin hannu. In iskar ta bushe, ta rataya jiƙaƙƙen tsumma. Raɓar da ta taru a rufin tanti kuwa, sai ta goge ta kafin ta ɗiga kan ganye, don daga nan fumfuna ke kamawa.

Wata rana direban da ke kawo mana taki ya shigo rungume da tukunya a cikin leda. Ɗan lemo ne da matarsa ta dasa kafin ta rasu. Ganyen ya yi fari da fumfuna, ƙasar ta jiƙe sharkaf.

"Ɗana, sau nawa kake ba shi ruwa?"

"Duk sanda na tuna ta, Inna."

Ta taɓa ƙasar da yatsa. Can ta ce, "Ai ko kifi ne ya ƙoshi."

Ya yi dariya, hawaye na zuba. Ta cire ledar, ta tsige ganyen, ta sauya ƙasar, ta ajiye tukunyar kusa da fanka. Ta hana shi taɓa buta, ta miƙa masa tsummanta. "In ka tuna ta, zo ka goge min rufi."

Haka ƙaton nan ya riƙa zuwa, yana durƙusawa yana goge raɓa, yana leƙen sandar da ba ganye. Ranar da koren toho ya fito, ni ya fara runguma, har ya kusa karya min haƙarƙari.

Inna, ke ce mai sanin ƙishin da ba na ruwa ba. Danshin tanti ya cinye miki gwiwoyi, yau kin ajiye aiki. Mun gode, Allah ya huta gajiya. Ku kuma na baya, ku koyi cusa fuska kafin ku ɗauki buta.

Wanda ya ce ƙari na yi, ya zo ya same ni a bakin ƙofa. Zan kai shi gidan direban da ƙafata, ya tsinki lemo da hannunsa, sannan ya maimaita maganar a gaban mai bishiyar, in ya isa.