Tsohuwa da Awakinta a Kangon Rumawa

Wayar ƙayar da hukuma ta kewaye kangon sansanin Rumawa da ita, wandona ta fara ci. Na ɗaga ƙafa zan tsallake irin na samari, sai na ji kyaaat! Ina dafe da baya ke nan na hango ta.

Tsohuwa ce siririya cikin jan mayafi, da shuɗin zanen tsaga a haɓarta irin na iyayenmu na nan kudancin Tunisiya. Awaki na biye da ita suna haki. Ba ta ma neman ƙofa. Sandarta ta sa ta ɗage wayar, ta tsaya ƙyam har gurguwar akuyar ƙarshe ta shige. A tsakar kangon akwai rijiyar da sojojin Rum suka haƙa, kuma bana duk yankin ita kaɗai ke da ruwa. Yadda take taka duwatsun ba ta duban ƙasa, ina zaton a nan ta koyi tafiya, wataƙila gugan da ta fara jan ruwa da shi ma na uwarta ne.

Bakina ba ya iya shiru. Na ce, "Inna, an hana fa! Wurin tarihi ne yanzu. In mai gadi ya gan ki, ƙwace awakin zai yi."

Ko jan gugan ba ta fasa ba.

"Ɗan nan, masu mashi da sulke ne suka gina katangar nan don su tare kakannina. Ina suke yau? Je ka gaya wa mai gadin naka, in ƙishi yake ji, ya bi layi bayan bunsuruna."