Akwatin Ƙarshe na Tela

Telan bakin kwalbati yana da keken ɗinki guda, almakashi biyu, da wata waya mai madanni da aka ɗaure wa ƙugu da kyauro don kada batir ya faɗo. A cikinta akwai wasan tura akwatuna: ɗan mutum kamar ƙwayar gero yana tura su zuwa gurbinsu, in ka kai guda lungu shi ke nan, sai a sake. Mataki sittin ne. Tela ya ci hamsin da tara cikin wata uku, sannan ya zauna a kan na ƙarshe shekara goma sha ɗaya. Masu kawo ɗinki ma sun koyi haƙuri a dalilinsa.

'Yarsa ta sayo masa sabuwar waya irin ta shafawa. Ya juya ta, ya gwada wasan cikinta, ya taɓe baki.

"Wannan ai wasan ne ke lallashin mutum. Namu na da, sai ka yi gumi."

Ya mai da ita madubin duba gemu.

Sai wani baƙin tabo ya ɓullo a kusurwar gilashin tsohuwar wayar, kullum yana ƙara faɗi. Mai gyara ya ce an daina ƙera irinsa tun yana firamare. Nan hankalin Tela ya tashi da gaske, don abin da yake so a duniya bai wuce ya ga rubutun da wayar za ta nuna wa wanda ya gama ba. Surukinsa ya ce, "Baba, bari in nemo maka hanyar a intanet, minti ɗaya ne." Kwana uku Tela bai amsa gaisuwarsa ba.

Ranar wata Laraba da hantsi, wata malamar makaranta na tsaye a kansa tana masifar rigarta da ta yi sati bakwai a rataye ba hannu, babban yatsansa ya yi hagu inda ya saba yin dama. Akwati ya shige gurbi. Wayar ta yi ɗan kiɗa, rubutu ya fito, tabon ya rufe shi kaf in ban da harafi ɗaya da ɗigo. Kafin ya karkata ta wajen haske, ta koma mataki na farko.

"Malama, kin ga abin da ta rubuta?" in ji Tela.

"Na ga rigata ba hannu," in ji ta.

Ya ajiye wayar a hankali, ya jawo keke. A ranar ya gama riguna huɗu, kuma bai taɓa jin baƙin ciki irin na wannan yinin ba.