Tsingaro Mai Zanen Tsuntsu

Ko da zan manta komai na farkon zaman aurena, akwai wata safiyar Talata da ba za ta taɓa fita daga raina ba. Lokacin garin nan ana kiransa Abuja, ba a kai ga sa masa Suleja ba. Muna zaune a Kwamba, ni da surukata da nake kira Inna, da 'yata ta fari mai shekara ɗaya da rabi. Maigidana yana aikin hanya can wajen Minna, sai ƙarshen wata yake leƙo mu.

A shekarun nan babu gidan da ba a zancen wasu mutane da ake kira Masu Tsingaro. Babu wanda ya taɓa ganinsu, amma kowa yana da wanda ya san wanda ya gan su. An ce wata ƙungiyar asiri ce da ke taruwa a cikin duwatsun bayan Izom, suna duba abin da zai faru, sannan su ajiye wa mutum fasasshen kasko a ƙofar gida da zane a jiki. Kifi haihuwa ce. Ƙadangare tafiya. Kunama ciwo. Tsuntsu kuwa, in aka same shi kansa na kallon ƙasa, rai ne zai fita daga gidan. Ni da na yi sakandare, nake kuma zuwa islamiyya, dariya nake yi in mata suna wannan hira. Ashe don bai zo ƙofata ba ne.

Kwana biyu yarinyar tana zazzaɓi, idanunta sun yi ja, ƙuraje sun fara fito mata a bayan kunne. Da safen nan, bayan ruwan da aka kwana ana yi, Inna ta fita shara, sai na ji tsintsiya ta yi shiru. Ta dawo riƙe da wani abu a bakin zanenta. Tsingaro ne kamar tafin hannu, da tsuntsu a jiki. Ta ce a dokin ƙofa ta same shi, kansa a ƙasa.

Na riga na ɗaura mayafi zan kai yarinyar asibiti. Inna ta ce in ajiye. A ganinta abin da aka riga aka gani allura ba ta warware shi, sai dai a nemi waɗanda suka gani su juya shi. Ta ce akwai wata tsohuwa da ta san hanyarsu, za ta aika mata, ran Alhamis a ɗauki yarinyar a tafi.

Wanda bai san zamaninmu ba zai ce me ya hana ni magana. 'Yar fari ce. Ban taɓa kiran sunanta ba, ban taɓa ɗaukarta na yi mata wasa a gaban Inna ba. Nono kawai nake ba ta, shi ma sai na juya baya. Yarinya ta kakarta ce, uwar da ta nuna damuwa a kan ɗan fari kuwa, har kasuwa za a kai labarin rashin kunyarta. Ga shi Inna ba don mugunta take yi ba, tsoron rasa jikarta ne, sai shafa kanta take yi. Na cire mayafin na ninke.

Ranar ban san yadda na yi girki ba. Ina salla ina faɗa wa kaina babu wanda ya san gaibu sai Allah, ina sallamewa idona ya koma kan tsingaron da Inna ta kife a kan taga. Abin da ya fi ba ni kunya yanzu shi ne, na fara kallon 'yata kamar wadda ake sallama da ita.

Washegari da hantsi na je bayan ɗaki zuba wa kaji ruwa. Abin da suke sha a ciki gindin wani tulu ne da na saya hannun matan Gwari, ya suɓuce mini tun kafin azumi. Na zubar da ɓaraguzansa a juji kusa da ƙofa, na bar gindin. Ina tsiyaya ruwa sai idona ya faɗa kan zanen da ya rage a bakin karayar: ƙafafun tsuntsu biyu da 'yar wutsiya, ba jiki. Na daɗe a tsugune. Sannan na shiga na ɗauko tsingaron, na ɗora shi a wurin. Ya zauna daram, ƙafa ta haɗu da ciki, ko tsinke ba zai shiga tsakani ba.

Tuluna ne. Ruwan sama ne ya wanko shi daga juji ya ajiye mana a ƙofa.

Na ɗauki kaskon da ruwansa da ƙazantar kajin na dire gaban Inna. Ta duba, ta cire tsingaron, ta mayar, ta sake cirewa. Ta ce a hankali, "To ai kansa ƙasa yake kallo."

Na ce, "Inna, ke daga cikin gida kika fito. Da daga waje kika shigo, sama zai kalla."

Ta sake duban tsingaron. Ni kuma na yi abin da ban taɓa yi ba: na sunkuya a gabanta na ɗauki 'yata, na kira sunanta, na goya ta. Ina jiran faɗa, sai na ji ta ce, "'Yar nan, tsaya in ɗauko takalmina. Ke ba ki iya ɗaura goyo ba, za ki yar mini da ita a hanya."

A asibiti aka ce ƙyanda ce, har ta fara taɓa ƙirji. Malamar jinya ta yi mana faɗa sosai a kan jinkiri, Inna ta sunkuyar da kai ta karɓe shi duka, ba ta bari ya zo kaina ba. Kwana shida muka yi. Ran na huɗu yarinyar ta miƙa hannu ta fizge ƙosan da ke hannun kakarta, mu biyu muka fashe da kuka kamar yara.

Da muka koma gida Inna ta jefa tsingaron a masai. Tsohuwar da aka aika wa ta zo, aka ba ta ruwa ta sha, aka ce mata an fasa. Ko Masu Tsingaro sun taɓa wanzuwa, har yau ban sani ba, ban kuma nema ba. Yarinyar dai yanzu ita ma tana da jikoki.

Abin da na ɗauka daga wannan rana shi ne, ba tsingaro ne ya kusa raba ni da 'yata ba, tsoro ne da kunya suka zaunar da ni kwana guda cur da mayafi a ninke. Gobe a hannun Allah take, bai ba kowa mabuɗinta ba. Abin da ya ba mu shi ne yau, da ido, da ƙafafun zuwa neman magani. Tun daga nan, in yaro ya yi zafi a gidana, na fari ne ko auta, goyo nake fara nema.